Gari da Madubinsa: Tsokaci a Kan Martanin Al'umma ga Ƙagaggen Labari

1.0 Gabatarwa

Manazarta sun fi mayar da hankali kan jigo da salo, ba su cika waiwayar al'ummar da marubuci ya ɗauko hotonta ba. Wannan maƙala na ganin cewa ba ƙarya ce ke harzuƙa gari ba, gane kansa da ya yi a cikin littafi shi ne ke harzuƙa shi. A ƙaramin gari kamar Hardawa, inda kowa ya san asalin kowa, mai karatu kan ɗauki ƙage a matsayin tonon asiri.

2.0 Sauya Sunan Gari

A 1920 Sinclair Lewis na Amurka ya fitar da Main Street, inda ya soki ƙuntatar tunanin mutanen wani gari da ya kira Gopher Prairie. Mutanen mahaifarsa, Sauk Centre, suka gane kansu, suka fusata. Bayan ya sami kyautar Nobel a 1930 fushin ya rikiɗe ya koma alfahari, har aka sa wa wani titin garin sunansa.

Sulaiman Ibrahim Katsina ya bi irin wannan dabara a Turmin Danya (1982). Ya ƙago garin Karaini domin fallasa fasa-ƙwauri da cin hanci ta hanyar Alhaji Gabatari. Bambancin shi ne, kamannin Karaini sun dace da kowane garin bakin iyaka, saboda haka laifin ya rarrabu.

3.0 Misalin Kano

Littattafan soyayya ba su sami wannan mafaka ba. Alhaki Kwikwiyo Ne (1990) na Balaraba Ramat Yakubu da ire-irensa sun shiga cikin gidajen Kano, sun fito da kishi da saki da wulaƙanta mata fili. A 2007, zamanin Gwamna Ibrahim Shekarau, hukumar A Daidaita Sahu ta ƙona littattafan Hausa bisa zargin ɓata tarbiyya. Sai dai ƙona littafi bai rage yawan zawarawa ba.

4.0 Kammalawa

Fushin gari ba ma'aunin ingancin littafi ba ne, haka ma alfaharinsa, domin garin da ya karrama marubuci yakan rungumi sunansa ya watsar da sukarsa. Aikin mai nazari shi ne ya tambaya: shin abin da littafin ya nuna yana nan, ko an gyara?