Teku Mai Kyau, Teku Kabari

John Akomfrah, haifaffen Akra, ya nuna fim ɗinsa Vertigo Sea a Benis ta Italiya a 2015. Allo uku ne jere, minti 48, ba labari ɗaya. Nan ana farautar manyan dabbobin teku. Can ana jefa bayi cikin ruwa, kamar yadda aka yi a jirgin Zong da ya tashi daga Akra a 1781. Can kuma masu neman Turai suna nutsewa.

Aibinsa ɗaya ne: kyan hotunan yakan ɗauke hankali, har mai kallo ya manta kabari yake kallo. Amma uwa a Nima ko Maamobi, wadda ɗanta ya bi ta Libiya, shiru har yau, ba za ta manta ba. Ita ya kamata a fara nuna wa.