Shantu da Ƙwarya: Zanen da Ake Saurare

In aka ambaci Gwandu, hankali kan tafi ga Malam Abdullahi ɗan Fodiyo da hubbarensa da waƙoƙin da malamai suka bari a rubuce. Hakan ya dace. Amma a cikin gidajen Gwandu da Kalgo, kamar sauran ƙasar Hausa, akwai wata fasaha da manazarta ke wucewa ba su waiwaye ta ba, wato aikin duma.

Ɗauki shantu. Dogon duma ne da ake buɗe wa baki biyu, a kwashe cikinsa, a bar shi ya bushe. Sannan mai zane ya sa wuƙa a wuta, in ta yi ja ya bi jikin duman da ita, yana fitar da layuka da zobba, har baƙin ƙuna ya zauna a kan ɗorawar ɓawon. Ranar biki yarinya ta zauna ta miƙe ƙafa, ta buga gindinsa a cinya, tafinta na rufe bakin yana buɗewa, warwaron hannunta na ƙara nasa amon. Ido na kan zanen, kunne na kan kiɗan, ba ka iya raba su.

Sau da yawa mai zanen daban ne, mai kiɗan daban. Duk da haka ina ganin mai zanen ma makaɗi ne. Tun wajen zaɓen duma yake ƙwanƙwasawa ya saurara, don kaurin ɓawo da tsawonsa su ke ba da murya. In wuƙarsa ta nutse fiye da kima, shantun ya tsage, kyau da amo su tafi tare. Haka abin yake ga ƙwaryar amada, wadda ake kifawa a kan ruwa cikin masaki. Barmani Choge ta Funtuwa, wadda ta rasu a 2013, da irin waɗannan ƙoren ta cika ƙasar Hausa da suna.

Inda nazarinmu ya gaza shi ne mun maƙale wa baiti. Muna rubuta kalmomin waƙa, mu fito da jigo da salo, amma abin kiɗan sai a ambace shi a layi ɗaya. Wa ya zana shi? Me ake kiran zanen? Ba a tambaya. Ga roba da kwanon silba sun kori ƙwarya daga jeren amarya, na'urar kiɗa kuma ta karɓe dandalin biki.

Jami'ar Tarayya ta Birnin Kebbi, da aka kafa a 2013, a bakin Kalgo take. Ɗalibanta su shiga gidaje wajen iyaye mata, su ɗauki hoton shantu da muryarsa tare, su kuma rubuta sunan kowane zane daga bakin masu shi.