Gabatarwar Kundin Bincike a kan Hausar Adar: Suka da Shawara

Abin da ya sa muka ɗauki alƙalami a wannan fitowa shi ne wata al'ada da ta yi kaka-gida a cikin kundayen da ɗalibai ke rubutawa a kan Hausar Tawa da arewacin Adar. Kusan kowane ɗaya yana farawa da faɗin ƙasar Nijar, da maƙwabtanta, da yawan ruwan sama, sa'an nan labarin Bayajida. Mai karatu zai ci shafi biyar bai san tambayar da aka fita nema wa amsa ba. A ra'ayinmu aikin gabatarwa huɗu ne: ta faɗi tambayar, ta shata iyakar fagen, ta ambaci abin da magabata suka yi, ta bayyana yadda aka tattara bayanai.

Na farko, tambaya. "Nazari a kan Adaranci" take ne kurum, ba ya nuna inda aka dosa. Amma in ɗalibi ya ce yana so ya gano ko matasan birnin Tawa suna cewa "sunka zo" kamar iyayensu, ko kuwa sun koma ga "suka zo" irin na Kano, to ya aza tambayar da ake iya amsawa ta hanyar saurare da ƙidaya.

Na biyu, iyaka. Jibo Hamani ya ba da kyakkyawan misali a shekara ta 1975, sa'ad da cibiyar IRSH ta Yamai ta buga littafinsa a jerin Etudes Nigériennes. Tun daga take ya nuna wuri da zamani: Adar, kafin zuwan Turawa. A shekarar kuma aka buga aikin Nicole Echard a kan tarihin manoman Adar. Akwai darasi kuma a aikin Bernard Caron. Kundin digirinsa na 1987 a Faransa ya ce bayanin "wani" karin Hausa ne na Adar, alhali littafin da ya fito a Jamus a 1991 sunansa Le haoussa de l'Ader. Ɗalibin da ya tsaya ga taken littafin zai zaci Adar duka bakinta ɗaya. Ƙasa ce kuwa mai faɗi, daga Illela zuwa Keita, Tamaske da Buza, kuma a arewacinta Hausawa na cuɗanya da masu Tamajak. Wajibi ne gabatarwa ta faɗi garin da aka yi aiki.

Na uku, magabata. Galibi akan jera sunayensu kamar ana kiran ƴan aji, ba a ce ga abin da wane ya tabbatar, ga gurbin da ya bari. An riga an san cewa Hausar yamma tana da "hwara" a madadin "fara", da "kassuwa" a madadin "kasuwa", da "gidanai" a madadin "gidansa", da "na" da "ta" a inda Kananci ke da "ne" da "ce". Sake gano waɗannan ɓarnar tawada ce. Abin da ake bukata shi ne a san wa ke faɗinsu, a ina, kuma a gaban wa.

Na huɗu, hanyar aiki, kuma a nan ne raunin ya fi yawa. Adar ƙasar cin rani ce. In an girbe hatsi, majiya ƙarfi da yawa sukan nufi Nijeriya ko Abijan, sai damina ta kusa su komo. Wanda ya shiga ƙauye da rani, mata da tsofaffi zai fi tararwa. Wanda ya je da damina zai ji bakin da ya sha ruwan Kano da Sakkwato. Saboda haka dole a faɗi watan da aka ɗauki murya, da shekarun masu magana, da ko sun yi lakwal, da harshen da aka yi tambaya da shi. Mu da muka yi karatu da Faransanci muna da halin tsara tambayoyi da shi sa'an nan mu juya su, sai amsar ta fito da ƙirar tambayar.

Kada a ɗauka wannan gardamar malaman jami'a ce kawai. Tun taron Bamako na 1966 ake ƙoƙarin daidaita rubutun Hausa, kuma a 1973 aka buɗe makarantar gwaji ta farko da ke koyarwa da Hausa a Damagaram. A 2025 kuma dokar sake gina ƙasa ta ba Hausa matsayin harshen ƙasa. Ma'aikatan yaƙi da jahilci da masu shirya littattafan aji suna dogara ga kundayenmu don su yanke abin da za a sa a gaban manomin Barmu ko Kalfu. In an koya masa harafin "f" da kalmar da shi "hw" yake ji a bakinsa, malami na bukatar sanin haka tun kafin ya shiga aji. Kundin da bai faɗi inda aka ji magana ba, ba zai taimake shi ba.

Shawararmu ga masu duba kundaye ita ce kada su karɓi babi na biyu sai gabatarwa ta amsa waɗannan huɗu a cikin shafi biyu ko uku. Hausawa sun ce tun ran gini tun ran zane.