Littattafai uku da hukunci guda: abin karantawa a kan ƴancin ɗan Adam

Duk ɗalibin da ya kai ajin ƙarshe na lise a Dakoro ya ji sunan Montesquieu, ya kuma haddace cewa a 1948 ne Majalisar Ɗinkin Duniya ta yi shelar ƴancin ɗan Adam a birnin Paris. Abin da ba kasafai ake nuna masa ba shi ne yadda waɗannan manyan kalmomi ke sauka daga takarda har su iske talaka a gaban alƙali. Wannan giɓi ya kamata a duba idan za a zaɓa wa matashi abin karantawa a fannin shari'a da hikimarta. Rubuce-rubuce huɗu sun isa mafari, muddin aka bi su a jere, domin kowane yana yi wa na gabansa gyara.

Na farko shi ne De l'esprit des lois, wanda Montesquieu ya fitar a 1748. Darajarsa tana ga bayanin cewa babu ƴanci inda mai yin doka da mai zartar da ita da mai yanke hukunci suka zama mutum guda. A kashi na 15 ya taɓo bauta, inda ya jero hujjojin masu cinikin bayi cikin gatse don ya tona wautarsu. Wanda Faransanci ba harshen uwarsa ba ne yana iya ɗaukar gatsen a matsayin ra'ayin marubucin, saboda haka wurin yana son malami a kusa. Amma akwai tuntuɓen da ba gatse ba ne: a cikin wannan kashi dai ya ce a ƙasashe masu zafi bauta ba ta saɓa wa hankali ƙwarai ba, wai don zafin rana yana kashe jiki. Wanda ya ga masu jan guga a rijiyoyin kwarin Tarka cikin watan Afrilu ya san amsar wannan magana.

Na biyu na gida ne. Abdullahi ɗan Fodiyo ya rubuta Liya'ul Hukkami a Kano wajen 1806, bayan ya baro fagen jihadi da nufin tafiya Makka, ransa a ɓace da abin da ya gani na son duniya a tsakanin ƴan'uwansa. Littafin ya ɗora wa shugaba nauyin naɗa alƙalai masu ilimi da tsoron Allah, ya kuma mai da mulki amana wadda za a tambayi mai riƙe da ita. Karanta shi yana kawar da zaton cewa tunanin taka wa mai mulki birki baƙo ne da ya zo da Turawa. Sai dai kamar sauran littattafan fiƙihu na zamaninsa, bai tuhumi bauta ita kanta ba. Girmama malamin bai hana a faɗi haka.

Na uku shi ne Les droits de l'homme en Afrique, na 1992, daga alƙalamin Kéba Mbaye, alƙalin Senegal da ya jagoranci masanan da suka tsara Yarjejeniyar Afirka ta ƴancin ɗan Adam da na al'ummomi. An amince da yarjejeniyar a Nairobi a 1981, ta fara aiki a 1986, kuma sashenta na 5 ya haramta bauta. Mbaye ya bayyana dalilin da ya sa aka haɗa haƙƙin mutum da na al'umma da kuma wajibin da ke kan kowa. Rauninsa shi ne masani ne ke magana da masana. Mai karatu zai fita da sanin hukumomi da yarjejeniyoyi, amma ba zai ji muryar mai ƙara ba.

Wannan murya tana cikin na huɗu, wanda ba littafi ba ne: hukuncin da kotun CEDEAO ta yanke a Yamai ranar 27 ga Oktoba 2008 a shari'ar Hadijatou Mani da gwamnatin Nijar. A 1996 aka sayar da ita tana da shekara 12, a kan jika 240 na sefa, ta zama wahaya a yankin Birnin Konni. A 2003 Nijar ta mai da bauta laifi a dokar hukunta laifuka, a 2005 kuma ubangidan ya ba ta takardar ƴanci, amma ya ce ai matarsa ce. Da ta auri wanda take so, sai aka yanke mata ɗaurin wata shida a kan laifin aure kan aure. Da taimakon ƙungiyar Timidria da wasu lauyoyi ta kai ƙara. Kotun ta ce alƙalin ƙasa da ya ga alamun bauta a gabansa bai tashi tsaye ba ya ɗora wa gwamnati alhaki, ta umurci a biya ta diyyar miliyan 10 na sefa. Ba ta karɓi dukan ƙorafe-ƙorafenta ba, kuma wannan ma abin nazari ne ga mai son gane yadda alƙalai ke auna hujja.

A nan littattafan uku ke haɗuwa. Dokar tana nan, yarjejeniyar tana nan, abin da aka rasa shi ne alƙalin da Montesquieu da Abdullahi suka siffanta. Darasin bai tsaya ga bauta ba. Dokar makiyaya ta 2010 ta amince cewa yawo da dabbobi haƙƙi ne na makiyayi, amma Bafulatanin Dakoro da ya tarar an nome burtali ya san cewa darajar wannan sashe tana hannun wanda zai saurari ƙararsa.

Tun Janairun 2025 Nijar ta fice daga CEDEAO, saboda haka ƙofar da Hadijatou ta ƙwanƙwasa ba a buɗe take kamar da ba. Nauyin ya komo kan alƙalan gida, waɗanda wasunsu yanzu suke zaune a kan bencin lise. Malamin da ke da sa'a guda tak da zai ba wannan batu, gara ya raba wa ɗalibai hukuncin 2008, su karanta shi da Faransanci, su yi gardamarsa da Hausa, sannan su koma ga littattafan da tambayoyin da ya tayar musu.