Hotunan Rawar Jami'ar Legon: Abin da Suka Adana da Abin da Suka Bari

A shekarar 1962 ne Cibiyar Nazarin Afirka ta Jami'ar Gana da ke Legon ta kafa ƙungiyarta ta rawa, bisa jagorancin J. H. Kwabena Nketia, masanin kiɗa, da Albert Mawere Opoku, mai tsara raye-rayen. A 1965 Opoku da Willis Bell, mai ɗaukar hoto ɗan Amurka, suka fitar da littafin hotuna mai suna African Dances: A Ghanaian Profile. Darajarsa a fili take, domin ya adana sutura da tsayuwar jiki na shekarun farko. Amma akwai abu biyu da ya kamata mai bincike ya lura da su.

Na farko, an ɗauki hotunan ne a wasannin da ƙungiyar ta nuna wa ƴan kallo. Opoku yakan ɗauko rawa kamar adowa ta Asante ko takai ta Dagomba, ya taƙaita ta, ya sake mata tsari yadda za ta dace da zauren kallo, masu rawa na ƙabilu daban-daban su taka. Saboda haka abin da hoton ke shaida shi ne aikin jami'a. Wanda ya ɗauke shi a matsayin rawar dandalin ƙauye ya yi kuskure.

Na biyu, hoto bebe ne. Lunga ta Dagomba, wadda ƴar'uwar kalangu ce, magana take yi, watau take da kirari, mai rawa kuma amsa mata yake da jikinsa. Hoto yakan kama hannun da aka ɗaga, ba ya kama kalmar da ta sa aka ɗaga shi, kuma bayani da Ingilishi ba ya maye gurbinta.

Opoku ya rasu a 2002, Nketia a 2019. Masu iya duban hoto su faɗi wane ne a ciki da abin da ganga ta ce suna ƙarewa. Don haka ya wajaba ga masu tattara irin waɗannan hotuna, da masu sa su cikin littattafan yaƙi da jahilci, su rubuta a ƙarƙashin kowane hoto sunan rawa, da wuri, da shekara, da sunayen masu rawa, da kalmomin take cikin harshen masu shi, tun masu sani suna da rai.