Baƙi Ɗaya da Tarihin Al'umma: Nazari a Kan Haramta Fim ɗin Ceddo

Wannan maƙala ta dubi abin da ya sami fim ɗin Ceddo na Ousmane Sembène, wanda ya fito a 1977, gwamnatin Senegal ta hana nuna shi a ƙasar. Hujjar da aka bayar ta ƙa'idar rubutu ce. Shugaba Senghor, wanda shi kansa masanin nahawu ne, ya dage cewa da "d" ɗaya ake rubuta kalmar, Sembène kuwa ya ƙi sauyawa. Manazarcin Hausa ba zai raina wannan gardama ba, domin ya san tazarar da ke tsakanin "baba" da "babba". Haka kuma ƙa'idar rubutun Wolof ta yau tana ninka baƙin, wato ta gaskata Sembène.

Sai dai da wuya a ce baƙi ɗaya ne dukkan dalili. A masarautun Wolof, ceddo su ne dakarun sarki da suka riƙe al'adun gargajiya, daga baya sunan ya ɗauki ma'anar mashayi marar addini. Sembène ya juya shi ya zama sunan mai ƙin miƙa wuya. Fim ɗin ya nuna limami yana karɓe sarauta, da Bature mai sayen bayi, da fada na Kirista, sannan aka tara jama'a aka sauya musu sunaye ɗaya bayan ɗaya. Ana iya kushe shi da cewa ya cusa ƙarnoni da dama cikin 'yan kwanaki, bai kuma yi wa malamai irin su Maba Diakhou adalci ba. To amma wannan muhawara ce da ta kamata malamai da masana tarihi su yi a bainar jama'a, tun fim ɗin yana da zafinsa.

Haramcin ya hana hakan. Masu kallo a Turai da Amurka suka riga masu harshen ganinsa, har sharhin farko ya ginu bisa fahimtar baƙi. Sai bayan saukar Senghor a ƙarshen 1980 aka nuna shi a gida. Ya zuwa lokacin, labarin "d" biyu ya riga ya shahara, har ya zamanto da shi ake buɗe zancen Ceddo, kafin a zo kan waɗanda aka sauya wa suna.