Amjad Khan: Bos ko Ɗan Wasa?

Duk wanda ya tashi a Boɗinga ko Shagari a zamanin da samari ke bin motar kasuwa zuwa Sakkwato don kallon silima, ko daga baya da gidajen bidiyo suka shigo, ya san ’yan wasan Indiya kashi biyu ne a wurinmu, watau jarumi da bos. Jarumi ya yi waƙa ya sami budurwa, bos ya sha kashi. Wannan rabo ya zalunci mutane da dama, amma a ganina ba wanda ya zalunta kamar Amjad Khan.

An haife shi a 1940, mahaifinsa Jayant shi ma ɗan wasa ne. Ya daɗe yana wasan daɓe kafin Ramesh Sippy ya ba shi matsayin Gabbar Singh a fim ɗin Sholay na 1975. Ba shi aka fara nufa ba ma, Danny Denzongpa aka ɗauka, sai wani aiki ya riƙe shi a Afghanistan.

To, mene ne ya bambanta Gabbar da sauran bosawa? Na da can ’yan kwat ne masu shan taba a gidan bene, kowa ya san wasa suke yi. Shi kuwa ga shi da kakin soja duk dauɗa, haƙora sun dafe, yana tafiya sannu a kan duwatsu, muryarsa ba ta da kauri balle a ce tsawa yake yi. A duba inda ya tsayar da yaransa uku da suka dawo hannu rabbana. Ya ɗana wa kowa bindiga ba ta tashi ba, ya fashe da dariya har suka saki jiki suka taya shi, sannan ya harbe su. Dariyar nan ita ce gwanintar. Mai kallo ma yakan taya shi kafin ya farga.

A da muna tafa masa. Yanzu kuwa, bayan abin da ƙauyukan Isa da Sabon Birni suka gani a hannun ’yan bindiga, ɗan fashin da ke aiko yara su karɓi hatsin talakawa da sunan yana kare su ya daina zama almara gare mu. Na sake kallon fim ɗin, ban iya tafawa ba. Lalle Amjad ya fahimci cewa irin wannan azzalumi ya fi dogara da tsoron da ya shuka bisa ga bindigarsa.

Amma inda nake son ɗalibai su mai da hankali shi ne Shatranj Ke Khilari na Satyajit Ray, 1977. A nan ya fito a Wajid Ali Shah, sarkin Awadh mai son waƙa da rawa, wanda Turawan Ingila suka tuɓe a 1856. Mutumin da ya razana Indiya shekara biyu baya, ga shi zaune shiru, idanu sun ciko, yana auna ko ya yi yaƙi ko ya miƙa kambun sarauta. Basakkwacen da ya san zaɓin da ya fuskanci Sarkin Musulmi Attahiru a 1903 ba ya bukatar tafinta a wurin nan, ko da yake Attahiru hijira ya zaɓa har ya yi shahada a Burmi. Fim ɗin ba dambe a cikinsa, shi ya sa bai yi kasuwa a wurinmu ba.

Ba na cewa duk aikinsa na yabo ne. Ya karɓi finafinai barkatai inda yake maimaita Gabbar ba tare da ruhin Gabbar ba. Haɗarin motar da ya yi a 1976 kuma ya bar shi da jinya da ƙiba, har a ƙarshe aka fi kiransa wasan ban dariya, kamar lauyan nan na Chameli Ki Shaadi a 1986. Ya rasu ran 27 ga Yuli, 1992, da ciwon zuciya, yana da shekara 51.